Dutse da Masarautu Biyar: Gina Jihar Jigawa Idan Aka Auna Shi da Abin da Ya Biyo Bayan Rushewar Tarayyar Sobiyat

Gabatarwa

A ranar Talata, 27 ga watan Agusta 1991, Shugaban Ƙasa Janar Ibrahim Babangida ya ba da sanarwar ƙirƙiro sababbin jihohi tara a Nijeriya, adadin jihohi ya tashi daga 21 zuwa 30. Ɗaya daga cikinsu ita ce Jigawa, wadda aka yanko daga tsohuwar Jihar Kano, aka kuma sanya Dutse ta zama babban birninta. A wannan rana ɗin ce majalisar Moldoba ta yi shelar ficewa daga Tarayyar Sobiyat, kwana uku bayan da Yukiren ta yi tata shelar. Kafin shekarar ta ƙare, watau ranar 25 ga Disamba, Mikhail Gorbachev ya sauka daga mulki, tarayyar ta watse ta zama ƙasashe 15.

Ba mu kawo wannan dacewar rana don mu ce al'amuran biyu girmansu ɗaya ba. Can ƙasa ce ta tarwatse, nan kuwa jiha aka raba, ƙasa tana nan daram. Amma tambayoyin da suka taso wa mutanen Alma-Ata da na Riga a wannan shekara su ne suka taso wa mutanen Dutse da Haɗejiya: ina za a ajiye gadon mulki, wane ne ɗan gida, wane ne baƙo, kuma yaya za a yi da abin da a da aka mallaka tare? Manufar wannan takarda ita ce ta bi waɗannan tambayoyi, ta duba yadda aka amsa su a can, sa'an nan ta auna amsar da muka bayar a nan.

Yadda 'yan gurguzu suka tsara zaman ƙabilu

Akwai wata fahimta da ta yaɗu a tsakanin masu karatu, cewa mulkin gurguzu danne ƙabilanci ya yi da ƙarfin tsiya, da murfin ya buɗe sai tsohuwar gaba ta yi ambaliya. Wannan magana tana da ƙanshin gaskiya, amma rabin labarin ke nan. Tun daga kafa tarayyar a 1922, hukumar Mosko da hannunta ta riƙa ƙarfafa iyakokin ƙabila. An shata wa manyan ƙabilu jamhuriya, aka raɗa wa kowace jamhuriya sunan ƙabilar: Kazakistan ta Kazakawa, Uzbekistan ta Uzbekawa, haka har zuwa Armeniya. Daga 1923 aka fito da manufar fifita 'yan ƙasa a aikin hukuma da makarantu na kowace jamhuriya, aka tsara wa harsuna da dama rubutu da ƙamus. A 1932 aka shigo da fasfo na cikin gida, wanda a cikinsa akwai layin da ake rubuta ƙabilar mutum. Wannan layi gadonsa ake yi daga iyaye. Wanda uwarsa da ubansa ƙabilarsu daban, shi ne kawai ke da zaɓi idan ya kai shekara 16, kuma tsakanin biyun nan zai zaɓa. Daɗin daɗawa, tsarin mulkin 1977, a sashe na 72, ya ba kowace jamhuriya ikon ficewa, ko da yake a lokacin ba wanda ya ɗauki wannan iko da wani muhimmanci, don jam'iyya ɗaya ce ke riƙe da kowa.

Da jam'iyyar ta faɗi, sai ya zama kowace jamhuriya tana da iyaka, da majalisa, da babban birni, da jami'a, da manyan ma'aikata 'yan ƙabilarta. Layin da aka ja a taswira don sauƙin mulki ya wayi gari ya zama iyakar ƙasa. Ƙidayar 1989 ta nuna Rashawa wajen miliyan 25 ne ke zaune a wajen jamhuriyar Rasha. Waɗannan mutane ba su yi ƙaura ba, iyaka ce ta zo ta same su a ƙofar gida.

Sababbin ƙasashen ba hanya ɗaya suka bi ba. Estoniya da Latbiya sun ce ɗan ƙasa shi ne wanda yake ɗan ƙasa kafin mamayar 1940, da zuriyarsa. Sauran sai sun ci jarrabawar harshe. A Latbiya kaɗai mutum wajen 700,000 suka zama mazauna marasa ƙuri'a. Kazakistan, inda Kazakawa ba su wuce kashi 40 cikin 100 ba a 1989, Rashawa kuma na dab da su, ta ba duk mazauninta zama ɗan ƙasa. A Jojiya da Moldoba da tsakanin Armeniya da Azarbaijan kuwa bindiga aka ɗauka. Yugoslabiya, wadda ita ma tsarinta na jamhuriyoyi shida ne, ta fi kowa shan wuya: yaƙin Bosniya na 1992 zuwa 1995 ya ci rayuka wajen 100,000. Cekoslobakiya kuma ta rabu biyu ranar 1 ga Janairu 1993 ba tare da an zubar da jini ba.

Misalin da ya fi kusa da zancenmu shi ne Tajikistan, kuma shi ne wanda aka fi mantawa. Yaƙin basasar da aka yi can daga 1992 zuwa 1997 ya kashe dubun-dubatar mutane, alhali manyan ɓangarorin da suka gwabza, mutanen Kulob da mutanen Garm, harshensu ɗaya, kuma duk Musulmi ne Ahlus-Sunna. Abin da ya raba su yanki ne, da tambayar wane yanki zai riƙe gwamnati bayan an daɗe mutanen arewa, na Leninabad, suna riƙe da ita. Watau ke nan haɗin harshe da addini bai isa ya zama lamuni ba.

Mutanen Jigawa da masarautunsu

Ƙidayar 2006 ta ba Jigawa mutum miliyan 4 da dubu ɗari uku da 'yan kai, a ƙananan hukumomi 27. Ƙidayar ba ta tambayi ƙabila ko addini ba, haka ma ta 1991. Amma sanannen abu ne cewa Hausawa da Fulani su ne mafi rinjaye, akwai Mangawa da Badawa a arewa maso gabas, wajen Birniwa da Guri da Kirikasamma, akwai kuma Warjawa a ƙasar Birnin Kudu. Akwai ma harsunan da suka riga suka ɓace, irin su Auyokanci da Teshenanci, waɗanda jikokin masu su yau Hausa kaɗai suke ji. A nan akwai bambanci babba da abin da muka gani a can. Rashanci da hukuma da makaranta ya shiga Tashkent da Riga, saboda haka da hukumar ta tafi sai aka juya masa baya a wurare da yawa. Hausa kuwa ta kasuwa da auratayya da makarantar allo ta bi ta shiga gidajen mutane, a tsawon ɗaruruwan shekaru, har ba a jin ta a matsayin harshen mai mulki. Ba mu ce wannan haɗiya ba ta da hasara ba. Harshen da ya mutu ya tafi da sunayen itatuwa da kirarin kakanni da ba mai dawo da su. Abin da muke cewa shi ne, a Jigawa ba a kan harshe ake ja-in-ja ba.

Layin da ake ja a kansa shi ne masarauta. Idan aka tambayi mutumin Jigawa daga ina yake, da wuya ya fara da ƙabila; zai ce shi Bahaɗeje ne, ko Bagumale, ko mutumin Dutse. Masarautun nan biyar kuwa tarihinsu ba ɗaya ba ne. Haɗejiya tutarta daban ta karɓa a zamanin jihadi, kuma Sarki Buhari ya yi shekaru yana bijire wa Sakkwato a tsakiyar ƙarni na 19. A watan Afrilu 1906 ta yi yaƙi da Turawa, Sarki Muhammadu ya rasu a fagen fama. Gumel sarautar Mangawa ce, Barno take bi, ba ta shiga ƙarƙashin tutar Shehu ba. Kazaure ta samu ne daga jayayyar Ɗan Tunku da Sarkin Kano Ibrahim Dabo, a zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Waɗannan uku kowacce da En'e tata a Lardin Kano zamanin Turawa.

Dutse da Ringim kuwa gundumomi ne na masarautar Kano. Dutse tsohon gari ne ƙwarai, Tarihin Kano ya ambace shi tun zamanin Sarki Abdullahi Burja a ƙarni na 15, amma Sarkin Dutse hakimi ne a ƙarƙashin Sarkin Kano. Gwamna Abubakar Rimi ya ɗaga Dutse ta zama masarauta a 1981, tare da wasu irin su Gaya da Rano, gwamnatin Sabo Bakin Zuwo ta soke wannan a 1983. Sai bayan kafa Jigawa ne Dutse ta tabbata masarauta mai cin gashin kanta, aka kuma ƙirƙiro ta Ringim. A yau Haɗejiya na da ƙananan hukumomi 8, Dutse 7, Gumel da Kazaure da Ringim kowacce 4. Mazaɓun majalisar dattawa ma wannan layi suka bi: Arewa maso Gabas ita ce masarautar Haɗejiya, Kudu maso Yamma ita ce masarautar Dutse, sauran ukun suka haɗu a Arewa maso Yamma.

Batun babban birni

Mutanen Haɗejiya sun daɗe suna neman jiha, kuma suna ganin in an samu, garinsu ne ya cancanci zama hedkwata, ga girma, ga tarihi, ga shi tun zamanin Turawa akwai Di'o a can. Da aka ambaci Dutse, wadda a lokacin hedkwatar ƙaramar hukuma ce kawai, ran mutane ya ɓaci har aka yi zanga-zanga a Haɗejiya. Wanda ya san Dutse a 1991 ya san ba ta da gine-ginen da za su ɗauki gwamnati. Kanar Olayinka Sule, wanda ya fara riƙe jihar, da Gwamna Ali Sa'ad Birnin Kudu da ya karɓa a Janairu 1992, a ofisoshin aro suka fara aiki. Ma'aikata da yawa iyalinsu na Kano, kilomita ɗari da ɗoriya, su zo ranar Litinin su koma kafin Juma'a, wasu ma kullum suke jeka-ka-dawo.

Gwamnoni biyu sun gwada magani biyu masu karo da juna, kuma a ganinmu nan ne darasin Jigawa ya fi armashi. Ibrahim Saminu Turaki, wanda ya yi mulki daga 1999 zuwa 2007, ya rarraba ma'aikatun gwamnati zuwa manyan garuruwan jihar, irin su Haɗejiya da Gumel da Kazaure da Ringim. Hujjar a fili take: in kowace masarauta ta ga gwamnati a ƙofarta, ba wadda za ta ce an mai da ita saniyar ware. Amma takarda ɗaya mai bukatar sa hannun ma'aikatu uku sai ta zagaye jihar a mota, Dutse kuma ta zauna da sunan babban birni ba tare da jikinsa ba. Sule Lamido, daga 2007 zuwa 2015, ya maido da ma'aikatun Dutse, ya gina sakatariya da gidajen ma'aikata da tituna, har da filin jirgin sama. Jami'ar Tarayya ta Dutse ta zo a 2011. Abin lura shi ne, da aka tashi kafa jami'ar jiha a 2013, Kafin Hausa aka kai ta, cikin masarautar Haɗejiya. Watau an tattara ofis wuri guda, amma ba a daina rabon abin da za a iya rabawa ba.

Kazakistan ta yi irin wannan lissafi da ma'auni mafi girma. A Disamba 1997 Shugaba Nursultan Nazarbayev ya ɗauke babban birni daga Almati, can kudu, ya kai shi Akmola, wadda aka sake wa suna Astana a 1998, kusa da yankunan arewa inda Rashawa suka fi yawa. Masu nazari da dama suna ganin ɗaya daga cikin dalilan shi ne a kafa gwamnati a inda ake tsoron ɓallewa. Mu ma mun san wannan dabara daga Abuja, wadda gwamnati ta koma cikinta a Disamba 1991. Ƙaramin gari da ba ya da tsohuwar da'awa yakan fi sauƙin zama na kowa, sai dai kuɗin gina shi da yawa, kuma wanda aka tsallake ba ya mantawa da wuri. Har yanzu duk lokacin da aka buɗe zancen gyaran tsarin mulki, bukatar Jihar Haɗejiya takan sake fitowa.

Kujerar gwamna ma ta zagaya, ko da yake ba wata doka da ta ce a yi haka. Ali Sa'ad da Sule Lamido daga ƙasar Birnin Kudu suke, cikin masarautar Dutse. Saminu Turaki daga Kazaure. Muhammad Badaru Abubakar, 2015 zuwa 2023, daga Ɓaɓura cikin masarautar Ringim. Umar Namadi, wanda ya hau a 2023, daga Kafin Hausa. Shekara 32 Haɗejiya ta jira kafin ɗanta ya zama zaɓaɓɓen gwamna. Gumel kuwa tana nan tana jira.

Takardar shaidar asali

A nan ne muke ganin mun fi kama da Sobiyat fiye da yadda muke so mu yarda. Da aka raba Kano da Jigawa, ma'aikata bisa ƙaramar hukumar asalinsu aka raba su. Malamin da aka haifa a Fagge, ya yi karatu a Kano, ya yi aure a Kano, in mahaifinsa mutumin Jahun ne, to Dutse zai nufa. Ba a tambaye shi inda yake biyan haraji ba, ko inda zuciyarsa take. Tushen wannan yana cikin tsarin mulki. Na 1979 ya shigo da ƙa'idar raba muƙamai daidai tsakanin sassan ƙasa, na 1999 ya maimaita ta a sashe na 14, sashe na 147 kuma ya ce a naɗa minista aƙalla ɗaya daga kowace jiha, kuma lalle ya zama ɗan asalinta. Niyyar mai kyau ce, don yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 ya koya wa ƙasar nan abin da tsoron danniya ke haifarwa. Amma don a san ɗan asali sai an ba shi takarda, takardar kuwa ƙaramar hukuma ke bayarwa, bisa garin uba. Da ita ake neman gurbin jami'a, da tallafin karatu, da shiga soja, da aikin gwamnati. Mene ne bambancinta da layin nan na fasfon Sobiyat? Can ƙabila ake gada, nan gari ake gada. Dukansu ba a samunsu da zama, kuma ba a rasa su da ƙaura. Rasha ma ta cire wannan layi daga fasfonta a 1997.

Dutse ta yau cike take da mutanen da jihar da jami'a suka jawo: Ibo masu shaguna, Yarabawa masu sana'a, malamai daga kowane sashe na ƙasa, da Kanawa da Katsinawa. Yaron da aka haifa a Takur a 1995, iyayensa baƙi, yanzu ya zama magidanci, bai san wani gida ba, amma a takarda baƙo ne. Ba wanda ya kore shi, ƙuri'arsa ma yana jefawa, don haka halinsa ya fi na Barashen Latbiya sauƙi nesa ba kusa ba. Sai dai ƙofofin da muka lissafa a sama a rufe suke gare shi a nan, a can garin ubansa kuma ba a san fuskarsa ba. Kada mu ɗauka wannan matsalar wasu ce. Bahaushen Jos a wannan matsayi yake, kuma ƙirƙiro ƙaramar hukumar Jos ta Arewa a 1991, a zamanin gwamnatin da ta ba mu Jigawa, yana cikin abin da ya kai ga rikicin Afrilu 1994 da wanda ya fi shi muni a Satumba 2001. Bosniya ta nuna ƙarshen wannan hanya: yarjejeniyar Dayton ta 1995 ta keɓe kujerun shugabancin ƙasa ga ƙabilu uku, har a 2009 Kotun Turai ta Haƙƙin Ɗan Adam ta yanke cewa hana Bayahude da ɗan ƙabilar Roma tsayawa takara wariya ce.

Abin da ya riƙe, da abin da ya rage

Me ya sa ɓacin ran 1991 bai zama irin na Tajikistan ba? Muna ganin dalili na farko shi ne cibiya ba ta faɗi ba. A Dushanbe, ranar da Mosko ta janye hannu, kuɗin da take aikowa ya tsaya, ba kuma alƙalin da ya rage a sama. A Jigawa soja da 'yan sanda da kotun ƙoli duk na tarayya ne, mafi yawan kuɗin shigar jiha kuma daga asusun tarayya yake zuwa kowane wata, kowace ƙaramar hukuma da kasonta. Wanda ya rasa hedkwata bai rasa albashi ba. Wannan kwanciyar hankali ce da kuɗin man fetur ke ɗauke da ita, kuma ya kamata mu faɗi haka ba tare da kunya ba.

Dalili na biyu suna ne. Jigawa ba sunan ƙabila ba ne, ba na masarauta ba, ba na gari ba. Kalma ce ta manoma, tudun ƙasa mai yashi wanda ba fadama ba, irin wanda ake shuka gero da gyaɗa da riɗi. Ba wanda zai ce jihar sunan kakansa take ɗauke da shi, saboda haka ba wanda zai ce sauran 'yan haya ne. Habasha, bayan faɗuwar gwamnatin gurguzu ta Mengistu a Mayu 1991, akasin haka ta zaɓa: jihohi bisa ƙabila, da ikon ficewa a sashe na 39 na tsarin mulkin 1995. Yaƙin Tigrai na 2020 zuwa 2022 yana cikin abin da masu nazarin wannan tsari ke muhawara a kai.

Akwai abu guda da ba ya rabuwa da alƙalami, shi ne ruwa. A Asiya ta Tsakiya, madatsar Toktogul ta faɗa hannun Kirgistan, gonakin audugar da take shayarwa suka faɗa Uzbekistan da Kazakistan. A da Mosko ke cewa a saki ruwa da bazara, a aika wa Kirgistan makamashi da hunturu. Bayan 1991 Kirgistan ta koma sakin ruwa da hunturu don samun lantarki, na ƙasa suka sha ambaliya a lokacin da ba sa bukata, suka rasa ruwa a lokacin shuka. Mu ma madatsar Tiga, ta 1974, da ta Challawa, ta 1992, duk a Jihar Kano suke, amma kogin da suke tarewa ta Ringim da Miga da Auyo yake bi ya isa Haɗejiya, ya bazu a fadamun da suka kai Nguru. Canjin tafiyar ruwan ya rage malalar da fadama ta saba samu, ciyawar kacalla ta toshe hanyoyin ruwa da dama, manomi da makiyayi da masunci suka matsu a kan abin da ya rage. Faɗan da akan yi a Guri da Kirikasamma da kaka, wanda jaridu kan kira rikicin Fulani da manoma, da yawansa a kan burtali da mashaya da wannan ragowar fadama ake yinsa. Makullin madatsun biyu kuwa ba ya Dutse, ba ya gidan gwamnatin Kano. Yana hannun Hukumar Raya Kogunan Haɗejiya da Jama'are, wadda ta tarayya ce, kuma manomin Auyo ba shi da ƙuri'ar da zai jefa a kan ranar da za a buɗe ƙofar ruwa.